Mai Zanen Kwaɗi

Yau zan ba ku labarin wani maƙwabcinmu na Nijar, Mustafa Alasan, wanda ya zauna a Tawa, ya rasu cikin 1915 da ɗari, wato 2015.

Da fari makanike ne, daga baya ya koma aikin majigi. Cikin 1962 ya ɗauki Aouré, inda ya nuna yadda Zabarmawa ke yin aure. Cikin 1966 ya zana Bon Voyage Sim, labarin kwaɗon da ya zama shugaban ƙasa, ya tafi ziyara ana ta yi masa fareti. Talakawa suka sha dariya, manya kuwa suka gane da su ake.

Cikin 1972 ya fito da F.V.V.A., wato mace, gida, mota, kuɗi. Wani ƙaramin ma'aikaci ne ya ɗauko zaman da ya fi albashinsa, ya taɓa kuɗin ofis, aka kama shi.

To, uwargida, kafin ki matsa wa maigida kan sabuwar atamfa, ki tuna da albashinsa. In kuwa kin ga 'yarki tana zane a bayan littafinta, kada ki tsawata mata. Sai mako mai zuwa.