Werner Herzog: Mai Walda Da Ya Zama Gwanin Fim

Duk lokacin da aka ce za a yi wasan kwaikwayo a makaranta, kowannenmu so yake ya fito gaban jama'a a tafa masa. Rubuta labari da shirya fage kuwa, sai mu bar wa wasu. Tarihin wani Bajamushe mai suna Werner Herzog zai iya sauya mana tunani.

An haife shi a birnin Munich a 1942, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Biyu, ya kuma tashi a wani ƙauye mai suna Sachrang. Bai taɓa shiga makarantar koyon fim ba. Yana saurayi ya riƙa aikin walda da dare a masana'antar ƙarfe, da kuɗin ya shirya gajeren fim ɗinsa na farko, Herakles, a 1962. Da yake ba shi da abin biyan ma'aikata da yawa, dole ya koyi ayyukan da kansa. Shi ne marubucin labari, shi ne darakta, ya kuma kafa kamfaninsa don ya zama furodusan kansa.

Wannan ne ya ba shi 'yancin yin abin da ransa ke so. A fim ɗin Fitzcarraldo na 1982, ya sa aka ja jirgin ruwa mai nauyin sama da tan 300 aka haye tudu da shi a dajin Peru. Fim ɗin ya ba shi kyautar gwarzon darakta a bikin Cannes na Faransa, amma mutane sun ji raunuka a wurin aikin, kuma har yau ana sukar sa kan haka. Ya zo Nijar ya ɗauki fim kan Fulani Woɗaaɓe, wanda ya fito a 1989. Yana rubuta littattafai, ya kuma fito a matsayin ɗan wasa a Jack Reacher a 2012.

Shawarar da ya fi nanata wa masu koyon fim ita ce su yawaita karatu. To, mu da muke da waya mai kyamara, me ya rage mana? A wasan makaranta na gaba, mu karɓi aikin da kowa ke gudu. Wanda ya iya rubuta labari shafi biyu, ya tsara 'yan wasa, ya tace hoto, ba zai zauna jiran mai kuɗi ba.

Sai mako mai zuwa, in Allah ya kai mu.