Hanyar Filinge: Layi Nawa Ya Kamace Ta?

Duk lokacin da hatsarin mota ya auku a kan hanyar da ta tashi daga Yamai ta bi ta Hamdallai da Baleyara da Bonkuku har zuwa Filinge, magana ɗaya ce ke fitowa daga bakin jama'a a tasha da kasuwa da ofisoshi: hanyar ta yi ƙunci, ya kamata gwamnati ta mayar da ita mai layi huɗu. Wannan koke yana da dalili, domin wanda ya binne ɗan'uwansa yana da hakkin ya tambayi abin da ya kashe shi. Amma kafin a ɗora wa hukuma wannan buƙata, ya dace mai karatu ya san yadda ma'aikatan hanya ke yanke yawan layukan da za a yi wa kowace hanya, da kuma abin da ƙarin layi ke iya hanawa da abin da ba ya iya hanawa.

Hanyar da a ke magana a kanta ita ce hanyar ƙasa mai lamba 25. Tsakanin Yamai da Filinge akwai kimanin kilomita 180, kuma daga Filinge hanyar ta miƙe ta Abala da Sanam zuwa Tawa. Ita ce jijiyar ƙasar Kurfai da Imanan da Tondikanja. Ta nan gero da wake da dabbobin Dallol Boso ke isa babban birni, ta nan kuma kayan masarufi da ma'aikata da marasa lafiya ke kai da kawowa. Layinta biyu ne, ɗaya na masu zuwa, ɗaya na masu komowa, babu abin da ya raba su sai fenti.

Yadda a ke lissafin layi

Layi shi ne faɗin da mota ɗaya ke bi. A manyan hanyoyin da ke haɗa garuruwa a Afirka ta Yamma, ma'aunin da a ka fi bi shi ne mita 3 da rabi ga kowane layi, wato kwalta mai faɗin mita 7, sa'an nan a bar kafaɗa ta mita ɗaya da rabi a kowane gefe. Wannan ma'auni ya samo asali daga faɗin motocin kansu. Dokar da ƙungiyar UEMOA ta kafa a shekarar 2005, wadda a ka fi sani da doka mai lamba 14, ta ƙayyade cewa faɗin babbar mota kada ya wuce mita 2 da santimita 55. Idan kamiyo biyu su ka gamu, sun cinye mita 5 da santimita 10 ke nan, sauran abin da ya rage bai kai mita 2 ba, kuma shi ne za a raba uku: tsakaninsu da gefe biyu.

Yawan layuka kuwa, ƙidaya ce ke yanke shi. Ma'aikata kan zauna a bakin hanya dare da rana har mako guda ko fiye, ko kuma a shimfiɗa na'ura, a ƙirga duk abin da ya wuce, a kuma rarrabe shi: ƙananan motoci, motocin fasinja, kamiyo, tirela, babura. Daga nan a fitar da matsakaicin adadin motocin da ke bin hanyar a kowace rana cikin shekara. Babbar mota ba a ƙirga ta a matsayin ɗaya, domin ta fi tsawo, ta fi nawa, ta fi tare hanya. A kan lissafa ta a matsayin ƙananan motoci biyu ko fiye, gwargwadon hawa da gangaren wurin.

Bayan haka sai a dubi gaba. Hanya a kan gina ta ne don shekara 15 zuwa 20, saboda haka dole a ƙiyasta yadda motoci za su ƙaru. Sa'an nan a nemi sa'ar da cunkoso ya fi yawa. A Amurka an saba ɗaukar sa'a ta 30 cikin sa'o'in da su ka fi cunkoso a shekara, domin gina hanya don sa'a ɗaya tak ta jajibirin salla ɓarnar dukiya ce. A ƙarshe sai a gwada wannan adadi da abin da hanya ke iya ɗauka. Littafin da injiniyoyin Amurka su ka fara bugawa a 1950, wanda ƙasashe da yawa ke aro daga gare shi, ya nuna a bugunsa na shekarar 2000 cewa hanya mai layi biyu, in tana da kyau ƙwarai, tana iya ɗaukar ƙananan motoci har 3,200 a cikin sa'a guda, in an haɗa masu zuwa da masu komowa.

Ga misali domin a gane. A ɗauka wata hanya tana da motoci 1,000 a rana, kuma suna ƙaruwa da kashi 5 cikin ɗari kowace shekara. Bayan shekara 20 za su kai kimanin 2,650. In sa'ar cunkoso ta kwashi kashi 15 cikin ɗari na wannan adadi, motoci 400 ke nan a sa'a. Ko da an zubar da kashi biyu cikin uku na ƙarfin hanyar saboda kwana-kwana da manyan motoci, har yanzu layi biyu sun wadatar da ita, da sauran wuri. Shi ya sa a ƙasashe da yawa ba a fara zancen layi huɗu a wajen gari sai motoci sun haura dubu goma a rana. Wanda ya saba bin hanyar Filinge ya sani cewa da zarar an wuce Baleyara, in ba ranar kasuwa ba, direba kan yi tafiya mai ɗan tsawo bai gamu da wata mota ba.

A cikin Yamai lissafin ya sha bamban. Gadar Kenedi, wadda a ka buɗe a 1970 da layi biyu, ta yi shekara arba'in ita kaɗai tana ɗauke da dukan masu ƙetare kogi, har cunkoso ya zama abin kullum. Da a ka gina gada ta biyu a 2011 an yi mata layi huɗu, a 2021 kuma a ka ƙara ta uku mai sunan Janar Saini Kunce. Can ƙidaya ce ta nemi ƙari. Daidai ruwa, daidai tsaki.

Abin da ke kisa a kan layi biyu

Duk da haka, masu koke ba su yi ƙarya ba: hanya mai layi biyu tana da mugun aibi guda, wato karon gaba da gaba. Wanda ke son wuce motar da ke gabansa dole ya shiga layin masu tahowa. A ɗauki direban motar fasinja da ke gudun kilomita 90 a sa'a, yana son wuce tirela mai gudun 60. Yana buƙatar kimanin daƙiƙa 8 ta agogon sakan kafin ya koma layinsa, kuma cikin wannan lokaci ya ci mita 200. Motar da ke tahowa da irin gudunsa ita ma ta ci mita 200. Saboda haka ne ma'aunin Faransa ya ce ba a wucewa lafiya sai direba yana hangen mita 500 a gabansa. A lokacin hunturu da ƙura ta rufe, ko a kan tudu, ko da dare da fitila ɗaya, wannan hange babu shi.

Aibi na biyu shi ne cinyewar gefe. Ruwan damina da tayoyin manyan motoci kan gutsure bakin kwalta, rairayi kuma kan hau kanta a inda iska ta tara shi. In kowane gefe ya rasa rabin mita, hanyar mita 7 ta koma 6, kuma tsakanin kamiyo biyu da su ka gamu ba a da ko mita guda da za a raba. Kaya fiye da ƙima na ƙara gaggauta wannan lalacewa. Gwajin da a ka yi a Amurka tsakanin 1958 da 1960 ya nuna cewa in nauyin da ke kan gatari guda ya ninka sau biyu, ɓarnar da ya ke yi wa kwalta ta kan ninka kamar sau 16. Ɗan kasuwar da ya loda wa mota abin da ya fi ƙarfinta don ya rage kuɗin sufuri, yana ƙuntata hanyar da ɗansa zai bi gobe.

Aibi na uku shi ne cakuɗuwa. A kan kwalta ɗaya akwai mota mai gudun 100, da babur, da amalanken jaki mai tafiyar kilomita 5 babu fitila, da garken shanu, da raƙumi, da ƴan makaranta. Ranar Lahadi, da kasuwar Baleyara ke ci, duk waɗannan kan haɗu a wuri guda tun daga asuba har bayan magariba. Hanyar a wannan rana kasuwa ce da a ka ratsa da kwalta.

Layi huɗu ba laya ba ne

Idan an yi layi huɗu tare da katanga ko dakali a tsakiya, karon gaba da gaba kusan ya ƙare. Wannan gaskiya ce. Amma layi huɗu babu rabewa a tsakiya ya kan ƙara gudu ne kawai, karon yana nan. Kuma gudu shi ne uban hatsari: binciken da Hukumar Lafiya ta Duniya ke dogara da shi ya nuna cewa ƙarin kashi ɗaya cikin ɗari a matsakaicin gudu na ƙara hatsarin da ke kisa da kimanin kashi 4 cikin ɗari. Ga mai tafiya a ƙasa kuma, ƙetare layi huɗu ya fi ƙetare biyu wuya. Mota ta tsaya masa a layin farko, ya shiga da natsuwa, ta biyun da ba ta gan shi ba ta kwashe shi. Tsohuwar da ke ɗauke da ƙwaryar nono a Bonkuku ba za ta gode wa wanda ya ninka mata faɗin da za ta ƙetare ba.

Fataken da ke zuwa Kano sun ga wani darasin a kan tagwayen hanyar Kano zuwa Zariya da Kaduna. Sa'ad da hannu ɗaya ya lalace ko a ke gyaransa, motoci kan koma hannu guda su na fuskantar juna da gudun da su ka saba yi a babbar hanya. Hanya mai faɗi da ba a iya kula da ita ta fi ƙarama mai lafiya hatsari. Faransa ma ta taɓa gwada layi uku, na tsakiya kowa na iya shiga don ya wuce. Da gawawwaki su ka yi yawa, sai a ka bar wannan tsari. A 2018 kuma ta rage gudu daga 90 zuwa 80 a kan hanyoyinta marasa rabewa a tsakiya.

Ƙasar Suwidin ce ta fito da dabarar da ta fi dacewa da mai ƙaramin aljihu. Daga 1998 ta fara yin hanya mai layi uku da shingen waya a tsakiya: wannan hannu ya sami layi biyu na ɗan tsawo don masu wucewa, sa'an nan a juya a ba ɗaya hannun. Mace-mace a kan irin waɗannan hanyoyi sun ragu da kusan kashi uku cikin huɗu. Direba in ya san cewa wurin wucewa na nan tafe bayan kilomita kaɗan, ba ya jefa ran fasinjojinsa cikin caca.

Abin da ya kamata a nema

Kuɗin da za a kashe wajen ninka kilomita 180 na iya shimfiɗa sabuwar kwalta mai tsawon haka a wani yanki da har yau mai naƙuda ke zuwa asibiti a kan amalanke. Saboda haka wakilan ƴan kasuwa da ƙungiyoyin direbobi da magadan gari na Filinge da Baleyara da Abala za su fi samun biyan buƙata in sun nemi abubuwan da baitulmali ke iya ɗauka. Na farko, a shafe kafaɗun hanya da kwalta, a riƙa kwashe rairayi da toshe ramuka kafin damina, tun da don haka ne a ke karɓar kuɗin fito a kan hanya. Na biyu, a yi wa amalanke da dabbobi turbarsu ta jar ƙasa a gefe, musamman kusa da garuruwan kasuwa. Na uku, a cikin Baleyara da Bonkuku da Filinge a rage gudu da tudun da a ka yi bisa ƙa'ida, da alama da fitila, a kuma keɓe wa motoci wurin lodi da saukale a wajen kwalta. Na huɗu, a ƙara layin wucewa a wuraren hawa da inda hange ya gajarta. Na biyar, a auna manyan motoci da gaske, a kuma sabunta fentin da ke hana wucewa.

Akwai kuma wani hakki da ma'aikatan gwamnati ke iya taimakawa a kai, wato rubutu. Jandarma da ƴan sanda da asibitoci da hukumar kiyaye hatsari ta ANISER, in sun rubuta kowane hatsari da kilomitar da ya auku da sa'arsa da irinsa, cikin shekara biyu ko uku za a san wuraren da ke cin rayuka, a kai kuɗi can kai tsaye. Rahoton Hukumar Lafiya ta Duniya na 2023 ya ce mutum miliyan ɗaya da dubu 190 ne ke mutuwa a kan hanya kowace shekara, kuma nahiyar Afirka, wadda ta fi kowa ƙarancin motoci, ita ce ta fi kowa yawan mace-mace in an gwada da yawan jama'a. Wannan kaɗai ya isa nuna cewa ba cunkoso ne ke kashe mutane a nan ba.

Wata rana, in kwalta ta tsaya da ƙafafunta daga Yamai har Tawa, zaman lafiya ya dawo arewacin Tilaberi, fatauci ya bunƙasa, ƙidaya da kanta za ta nemi layi huɗu, watakila a fara daga bakin Yamai zuwa Hamdallai. Abin da hikima ta ce a yi tun yanzu shi ne a tsare filin gefen hanya kada a gina shaguna da gidaje a kansa, don kada diyya ta fi aikin tsada in lokacin ya zo. Kafin nan, fasinjan da ya ga direba na shirin wucewa a kan tudu yana da bakin magana, kuma mai mota yana da ikon hana lodin da ya wuce ƙima. Hausawa sun ce tafiya sannu-sannu kwana nesa. Allah ya kiyaye hanya, ya kai kowa gidansa lafiya.