Kotu Ta Sallame Shi, Sai Me?

A wannan makon da mu nake, kuma ba zan ɓoye ba, raina a ɓace yake.

Labarai uku na karanta a zauren nan, duka ƙarshensu ɗaya: likitan gwamnati ya yi sakaci, mai naƙuda ta rasu, an je kotu, alƙali ya sallame shi, washegari ya rataya farar rigarsa. Sai marubuci ya rufe da "Allah ya isa". Wannan ragwanci ne, kuma cutarwa ce. A nan Sakaba, mutum zai ɗauko matarsa daga ƙauye zuwa Dirin Daji, a ce sai Zuru, wani lokacin har Birnin Kebbi. Idan ya rasa ta saboda sakaci, mu kuma muka koya masa cewa daga kotu babu sauran ƙofa, mun taya a binne haƙƙinsa.

Ma'auni biyu ne. Kotu tana tambaya: an tabbatar da laifi ba tare da kokwanto ba? Hukumar kula da aikin likitoci ta Nijeriya, wato MDCN, tambayarta daban: ya yi aikin yadda ƙa'idar sana'a ta ce? Tana da kwamitin bincike, tana da kotun ladabtarwa mai ikon jan kunne, dakatarwa ko soke suna, kuma daga nan sai Kotun Ɗaukaka Ƙara. Ga hukumar da ta ɗauke shi aiki, ita ma da nata dokokin. Rashin isasshiyar shaida a gaban alƙali bai nuna cewa yana bakin aiki a daren da aka neme shi ba.

Wani zai ce ai Kotun Ƙoli ta ɗaure hannun masu ladabtarwa. Gaskiya ne, a shari'ar Denloye ta 1968 ta ce zargin da ya kai aikata laifi, kotu ce za ta fara saurarensa. Amma ba kowane sakaci ne laifin ɗauri ba, kuma sakacin aiki hurumin hukumar ne.

Ku dubi Dakta Hadiza Bawa-Garba a Ingila. Yaro ɗan shekara 6 ya rasu a asibitin gwamnati a 2011, kotu ta same ta da laifi a 2015, amma kotun ladabtarwa dakatar da ita kawai ta yi, don ta lura da ƙarancin ma'aikata da matsalar kwamfuta a ranar. An soke sunanta a farkon 2018, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta maido mata a watan Agusta. Kun ga ma'aunin nan kan kare likita ma.

Don haka kafin ka kashe mai naƙuda a babi na goma, yi bincike. Ka sa mijin ya rubuta koke, ka nuna mana inda takardar ta shiga da wanda ya zauna a kanta. A nan labarin yake.

Wanda bai yarda ba, ga fili.