Spider-Man 2: Wasan da ya yi kasuwa amma bai hana korar ma'aikata ba

A watan Oktoban 2023 ne kamfanin Insomniac Games ya fitar da wasan Marvel's Spider-Man 2 a na'urar PlayStation 5. Mai wasa kan zama Peter Parker ko Miles Morales, yana lilo da zaren gizo-gizo tsakanin dogayen benayen New York, daga Manhattan har Brooklyn da Queens. Duk unguwar da ya ga dama yana shiga, kafin ya kara da Kraven da Venom.

Cikin sa'o'i 24 aka sayar da kwafi miliyan 2.5. Sai dai takardun da masu kutse suka sace daga Insomniac a Disambar shekarar sun nuna haɗa wasan ya ci kusan dala miliyan 300. Gina birni sukutum, da motocinsa da jama'arsa, na buƙatar shekaru da ɗaruruwan ma'aikata, ga kuma kason da Marvel ke karɓa.

A Fabrairun 2024 Sony, mamallakin Insomniac, ya sallami ma'aikatan sashen PlayStation kusan 900, ciki har da wasu na Insomniac ɗin. A Janairun 2025 kuma aka fitar da wasan a kwamfuta, alamar cewa cinikin masu PlayStation kaɗai bai ishi Sony ba.