Tsohuwar Ozu da Tsohuwata

A makon jiya na sake kallon wani tsohon fim na ƙasar Japan wanda Yasujiro Ozu ya shirya a 1936, fim ɗinsa na farko mai magana. Ma'anar sunansa ita ce Ɗa Tilo. Labarin wata mata ce da mijinta ya rasu, take aikin zaren alharini a ƙauye, ta sayar da gida da gona domin ɗanta ya yi karatu. Bayan shekara goma da 'yan kai ta bi shi Tokiyo, ta tarar da shi malamin makarantar dare a gidan haya a gefen birni, ga mata ga jariri, duk bai taɓa sanar da ita ba. Har bashi ya ci don ya yi mata hidimar baƙunta, kada ta gane.

Mu ma mun san sinima tun da wuri, amma ta wata ƙofa. Majigi ne ke zagaya garuruwa, da mai bayani a lasifika, kamar yadda Japanawa suke da nasu masu bayanin, wato benshi, a zamanin fim marar magana. Dattawan Yargoje har yau suna tuna Baban Larai, wanda aka ɗauka nan kusa, a Daudawa ta ƙasar Faskari. Sai dai shi alkawari ya yi: bi noman auduga na zamani, ka wadata. Ozu kuwa kuɗin alkawarin ya lissafa, da wanda ya biya.

Na san wanda ya biya nawa. Tumaki da buhunan dawa na mahaifiyata ne suka kai ni jami'a a Zariya. Shekaru ina roƙonta ta dawo wurina Katsina, tana cewa birni ba wurin tsoho ba ne. Abin da roƙona ya kasa, harin da aka kai Yargoje a watan Yuni na 2024 ya yi shi dare ɗaya.

Yanzu tana ɗakin yara. Ina fita da asuba, in dawo bayan isha'i, mu gaisa a tsaitsaye. Ta ga falon da babu kujeru, ta ji mai gidan haya yana sallama karo uku a wata guda, ba ta ce uffan ba. Shekaranjiya dai da hadari ya haɗu, ta leƙa ta taga ta daɗe, sannan ta ce, "Ɗan nan, ko wa zai shuka mana gonar bakin rafi bana?"

Na ce mata zan bincika. Ban san wanda zan tambaya ba.