Daga Kamfanin Mai Zuwa Kujerar Minista: Me Za Mu Koya Daga Rilwanu Lukman?

A makon nan za mu tattauna ne a kan mutanen da ke barin kamfanonin mai su karɓi muƙamin gwamnati. Wani zai ce ina ruwan ɗan Tofa da wannan zance, tunda babu rijiyar mai a Doka ko Lambu ko Yanoko? Amsar tana cikin gonakinmu. Injin ban-ruwan da ake noman rani da shi fetur yake sha. Babur da A-Daidaita-Sahun da ke kai mu Janguza ko cikin birni su ma haka. Hatta takin yuriya da ake zuba wa masara, daga iskar gas ake yin sa.

Mun ga zahiri a ranar 29 ga Mayu, 2023, lokacin da Shugaba Bola Tinubu ya ce tallafin mai ya ƙare. Cikin 'yan kwanaki farashin lita a hukumance ya tashi daga ƙasa da naira 200 zuwa sama da naira 500 a Kano, kuma babu gidan da bai ji a jika ba. Ke nan duk wanda aka ɗora a kan harkar mai, shawarar da ya yanke tana isowa har tukunyar gidanmu. Shi ya sa ya kamata mu san irin waɗannan mutane.

Wanda muka zaɓa a yau shi ne marigayi Dokta Rilwanu Lukman. An haife shi a Zariya a 1938. Ya fara karatun gaba da sakandare a Kwalejin Fasaha da Kimiyya ta Zariya, wadda daga baya ta zama Jami'ar Ahmadu Bello, sannan ya wuce Kwalejin Imperial a Landan, inda ya karanci injiniyancin haƙar ma'adinai. Bai faɗo kan kujerar minista daga sama ba. Ya yi aiki a wani kamfanin ma'adinai a Suwidin daga 1962 zuwa 1964. Da ya dawo gida ya zama sufeton ma'adinai a Jos, sannan ya shugabanci kamfanin siminti na Sakkwato daga 1970 zuwa 1974, daga baya kuma ya riƙe Hukumar Ma'adinai ta Najeriya. Sai da ya shafe shekara fiye da ashirin yana aiki kafin gwamnatin Janar Muhammadu Buhari ta ba shi Ministan Ma'adinai da Lantarki da Ƙarafa a 1984.

A 1986 Janar Ibrahim Babangida ya naɗa shi Ministan Man Fetur. Shekarar ba ta zo da daɗi ba. Mai ya yi yawa a kasuwar duniya, har farashin ganga ya faɗi ƙasa da dala 10. Duk manomi ya san wannan: idan tumatir ya cika kasuwa a rana ɗaya, kwando ba ya yin daraja. Maganin abin shi ne ƙasashen ƙungiyar OPEC su yarda kowa ya rage abin da yake haƙowa, amma kowace ƙasa tana so maƙwabciyarta ce za ta rage. Lukman ne shugaban taron ƙungiyar a lokacin, kuma a Disambar 1986 aka cimma yarjejeniyar mayar da farashi dala 18. Daga baya ya zama babban sakataren ƙungiyar daga 1995 zuwa 2000.

To, ga inda darasinmu yake. Bayan ya bar aikin bai wa Shugaba Olusegun Obasanjo shawara a 2003, Lukman ya shiga kasuwanci, ya zama shugaban wani kamfanin haƙar mai da ake kira Afren. A Disambar 2008 sai Shugaba Umaru Musa 'Yar'aduwa ya sake kiran sa ya zama Ministan Man Fetur. Ku lura da kyau: jiya yana cikin masu neman izinin haƙar mai daga gwamnati, yau shi ne shugaban ma'aikatar da ke kula da wannan izini. Lukman ya ajiye muƙaminsa a kamfanin, ya kuma miƙa hannun jarinsa ga masu riƙon amana, ta yadda ba shi da ta cewa a kan yadda ake juya shi.

Me ya sa hakan ke da muhimmanci? Hausawa sun ce ba a ba kura ajiyar nama. Ba wai duk ɗan kasuwa kura ne ba, a'a. Amma ko mutumin kirki ne, idan shi ne alƙali kuma shi ne mai ƙara, zuciya za ta karkata, ko da bai ankara ba. Shugaban kamfani yana yi wa masu jari aiki, nasararsa ita ce riba. Minista kuwa ya rantse zai yi wa kowa aiki, har da tsohuwar da ke sayen kananzir a ƙaramar kwalba. Wani lokaci abin da zai ƙara wa kamfani riba shi ne zai rage wa ƙasa kuɗin gina aji.

Tsarin Mulkin 1999 ya san da wannan. A Jadawali na Biyar ya hana jami'in gwamnati saka kansa inda amfanin kansa zai ci karo da aikinsa. Ya hana shi gudanar da kasuwanci yana kan muƙami. Sana'a ɗaya kaɗai aka yarje masa, wato noma, sana'ar iyayenmu. Haka kuma dole ya bayyana kadarorinsa ga Hukumar Ɗa'ar Ma'aikata idan ya hau da kuma idan zai sauka.

Darasi na biyu shi ne gwamnati ba kamfani ba ce. A kamfani shugaba yakan ba da umarni a bi. A gwamnati sai ka shawo kan sanatoci 109 da 'yan majalisar wakilai 360, ga gwamnoni, ga ƙungiyoyin ƙwadago. Lukman ya jagoranci kwamitin da ya tsara yi wa dokokin mai garambawul, aka kai ƙudurin majalisa a 2008. Ya sauka a Maris 2010 ba a zartar ba. Ya rasu a Yulin 2014 ba a zartar ba. Sai a Agustan 2021 Shugaba Buhari ya sa wa dokar hannu, bayan shekara 13. Ko a Amurka, Rex Tillerson ya bar shugabancin ExxonMobil ya zama Sakataren Harkokin Waje a 2017, amma shekara ɗaya da 'yan makonni kawai ya yi aka sallame shi. Ilimi shi kaɗai ba ya isa, sai da haƙuri da iya zama da jama'a.

Wannan hanya har yanzu ana bin ta. A Afrilun 2025 an naɗa Bayo Ojulari, tsohon jami'in Shell, ya shugabanci NNPC, aka kuma ba Ahmadu Musa Kida, tsohon jami'in Total, shugabancin hukumar gudanarwarsa. Gobe kuma wa ya sani ko ɗayanku ne? Makarantar Kimiyya ta Dawakin Tofa tana maƙwabtaka da mu tun 1977. Sabon mazaunin Jami'ar Bayero yana nan kan hanyar Gwarzo, kuma ana koyar da injiniyancin man fetur a can. Bututun gas mai tsawon kilomita 614 da aka faro daga Ajaokuta, Kano ya nufo. Ku riƙe lissafi da fizis da kemistiri da Turanci da kyau.

Amma gwajin amana ba ya jiran sai an zama minista. Idan an ba ka ajiyar kuɗin ƙungiyar aji, kada ka haɗa su da naka, kuma ka rubuta duk abin da ya shigo ko ya fita. Idan ke ce shugabar ɗalibai kuma ƙawarki ta makara, ki rubuta sunanta kamar na kowa. Idan an sa ka sayo wa aji alli kuma yayanka yana da shago, ka faɗa wa malami tun kafin a tura ka. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi.

Ga abin muhawara ga ƙungiyoyinku na makaranta: shin ya dace wanda ya sauka daga kujerar minista ya koma kamfanin mai nan take, ko sai ya jira wasu shekaru? Ku aiko mana da hujjojinku, za mu buga waɗanda suka fi ma'ana. Sai mako mai zuwa, in Allah Ya kai mu.