Ba Fatalwar Oiwa Ce Abar Tsoro Ba

Makon nan mun leƙa Japan.

A 1959 darakta Nobuo Nakagawa ya fitar da fim ɗin Tokaido Yotsuya Kaidan, wanda ya ɗauko daga wasan daɓe na gargajiya, wato kabuki, da Tsuruya Nanboku ya rubuta aka fara nunawa a 1825. Ana lissafa shi cikin manyan finafinan ban tsoro na ƙasar. Ni kuwa a ganina, mutane suna tsoron wadda bai kamata su tsorata ba.

Ga labarin a taƙaice. Iemon jarumin samurai ne da ba shi da ubangida, talauci ya yi masa katutu. Ya kashe mahaifin Oiwa saboda ya hana shi aurenta, ya ɓoye, ya aure ta. Da ya hango wata yarinya 'yar gidan masu kuɗi, sai matarsa ta zame masa kaya. Aka ba ta guba da sunan magani, fuskarta ta lalace, tana taje kai gashi yana zubewa. Bayan ta mutu, ya ƙusance gawarta a jikin ƙyaure tare da gawar mutumin da ya ƙulla musu sharrin zina, aka jefa a ruwa.

To jama'a, wane ne dodo a nan? Duk wannan ta'asa mai rai ne ya aikata ta, da hankalinsa, don kwaɗayi. Oiwa tana raye ba ta da uba, ba ta da alƙalin da zai saurare ta. Sai da ta mutu aka ji muryarta. Kuma ku lura, a daren angwancinsa fuskarta kawai ta nuna masa. Shi da hannunsa ya sare amaryar. Alhaki kwikwiyo ne, mai shi yake bi.

Wasu za su ce fatalwa camfi ce. Na yarda. Amma cin amanar da ya haife ta ba camfi ba ne, shi ya sa labarin ya yi shekara 200 bai tsufa ba.

Marubutanmu masu son rubuta labarin ban tsoro, ku gina zaluncin tukuna har mai karatu ya ji zafinsa. In babu shi, fatalwa kwalliya ce kawai.

Ku me kuka gani: ramuwar Oiwa adalci ce, alhali amaryar ma ta rasa ranta?